Sharhi: Ɗumi, ba sanyi ba, ke barazana ga gonakin tuffa na arewacin Turai

Abin da mutane da dama ba su sani ba shi ne, bishiyar tuffa ba ta tsoron hunturu. Idan ta zubar da ganye ta kwanta barci, tana iya jure sanyin da ya kai digiri 30 ƙasa da sifiri. Hasali ma tana buƙatar wannan dogon sanyi kafin ta yi fure yadda ya kamata. Lokacin da take da rauni shi ne bayan ta farka: da zarar fure ya buɗe, sanyin digiri 2 ƙasa da sifiri ya isa ya fara kashe shi, digiri 4 kuwa yana iya halaka kusan duka a dare ɗaya.

A nan ne sauyin yanayi ya shigo. Ɗumin da ke zuwa da wuri a watan Maris yana yaudarar bishiyoyi su yi fure kafin lokaci, alhali sanyin Afrilu bai janye ba. Haka ta faru a Faransa a Afrilun 2021, inda manoma suka kwana suna kunna kyandirori a gonaki, har gwamnati ta yi alkawarin tallafin Yuro biliyan 1. A 2024 abin ya faɗa wa Poland, wadda ta fi kowace ƙasa noman tuffa a Tarayyar Turai, sannan a watan Mayu yankunan Voronezh da Lipetsk da Tambov na Rasha suka ayyana dokar ta-ɓaci.

Dabarun kariya suna nan. Akwai manyan fankoki masu saukar da iska mai ɗumi daga sama, akwai kuma fesa ruwa duk dare, domin ruwan da ke daskarewa a kan fure yana sakin ɗan zafi. Sai dai duka na mai hali ne; ƙaramin manomi a yankin Grójec na Poland sau da yawa ido kawai yake zubawa.

Ɗan kasuwa a 'Yan Lemo ta Kano na iya cewa ina ruwansa, tunda akasarin tuffar da yake sara daga Afirka ta Kudu take zuwa. Amma idan girbin Turai ya gaza, masu saye na can da kuɗinsu mai ƙarfi sukan ƙara karkata ga gonakin Afirka ta Kudun, kuma da su zai yi takarar kwali ɗaya, da naira a hannunsa.