Wim de Bie da Jam'iyyar da Ya Kashe da Hannunsa

A daren Lahadi, 10 ga watan Mayu na shekarar 1981, saura kwana 16 a yi zaɓen majalisar wakilai ta ƙasar Holan, mutanen da suka zauna gaban talabijin domin su yi dariya kamar yadda suka saba sai suka ga an harbe waɗansu shugabannin jam'iyya guda biyu, Jacobse da Van Es, a harabar Binnenhof, mazaunin majalisar a birnin Heg, suna tsakiyar yunƙurin juyin mulki. Ko ɗigon jini bai zuba ba, domin mutanen nan biyu ba su taɓa rayuwa ba sai a cikin wasan kwaikwayo, kuma waɗanda suka ƙage su, wato Kees van Kooten da Wim de Bie, su ne suka yanke musu hukuncin kisa, alhali kuwa a wannan lokaci farin jininsu ya kai maƙura. A ganina, cikin dukan abin da De Bie ya aikata a tsawon sana'arsa ta barkwanci, babu wanda ya kai wannan daraja, kuma ya cancanci mai hankali ya tsaya ya yi nazarinsa, ko da bai taɓa jin kalma ɗaya ta harshen Holanci ba.

An haifi Wim de Bie a Heg ranar 17 ga Mayu 1939, shekara guda kafin sojojin Jamus su mamaye ƙasarsa, kuma a wannan birni ya rasu ranar 27 ga Maris 2023. A makarantar sakandare ta Dalton ya haɗu da Van Kooten, wanda De Bie ya girme shi da shekara biyu, suka soma wasan barkwanci tun suna ɗalibai, daga nan suka shiga rediyo cikin shekarun 1960, sa'an nan talabijin, ba su rabu ba sai a 1998. Wanda yake son ya fahimci yadda maganarsu ta yi nauyi haka, wajibi ne ya san tsarin watsa labarai na ƙasar a wancan zamani, domin hukuma takan raba lokacin rediyo da talabijin ne tsakanin ƙungiyoyi masu mambobi, kowace da aƙidarta, ta Katolika daban, ta Furotesta daban, ta 'yan gurguzu daban, kuma gwargwadon yawan mambobinki gwargwadon sa'o'in da za a ba ki. Ƙungiyar VPRO, wadda aka kafa a 1926, asalinta ta masu sassaucin ra'ayi ce daga cikin Furotesta, amma zuwa ƙarshen shekarun 1960 ta zama matattarar masu ƙarfin hali, ita ce kuma ta ba su mafaka tun daga farkon shekarun 1970. Tashoshin talabijin na ƙasar biyu ne kacal har zuwa 1988, saboda haka abin da suka faɗa daren Lahadi, shi za ka tarar ana maimaitawa a ofis da makaranta da safiyar Litinin.

Baiwar De Bie ita ce lura da ɗabi'un mutane. Shi ne Meneer Foppe, tuzuru mai tsananin kunya wanda yake zaune shi kaɗai, ƙaramar hulɗa da jama'a takan zame masa babbar jarrabawa. Shi ne kuma Walter de Rochebrune, wanda ya ƙaurace wa duniya ya tare a wata 'yar bukka cikin lambun mahaifiyarsa, yana ta falsafa. Mai kallo yakan fara da dariya, amma kafin a gama sai ya ji tausayi ya rufe shi, domin ya gane maƙwabcinsa, ko kawunsa, ko ma kansa. Akwai wani wasa nasu da har yau ake tunawa, inda wani Baturke ɗan ƙodago ya shiga kantin mai sayar da kayan lambu. Mai kanti, saboda ya riga ya ƙudurta a ransa cewa baƙo ba ya jin harshe, sai ya dinga yi masa gwaranci, yana ɗaga murya yana nuni da hannu, shi kuwa baƙon yana mayar masa da jawabi cikin Holanci tsantsa mai cike da fasaha da ladabi, amma duk da haka kunnen mai kanti bai ji ba, ya ci gaba da gwarancinsa har aka gama ciniki. A wani wasan kuma, na 'yan'uwa biyu masu suna Temmes, gaba ɗaya jarumtakar da ɗayansu yake tinƙaho da ita daga zamanin mamaya ita ce wani Bajamushe ya tambaye shi hanyar tashar jirgin ƙasa ya nuna masa wata hanya dabam, kuma da wannan suka taɓa wani miki da al'ummar take ɓoyewa, na yadda bayan yaƙi masu da'awar gwagwarmaya suka ninka waɗanda suka yi ta.

Na san mai karatu zai tuna cewa Suratul Hujurati ta hana wasu mutane su yi wa wasu izgili, kuma ba zan ɓoye ba cewa a cikin wasanninsu akwai batsa da kwaikwayon 'yan siyasa da sunayensu, abin da tarbiyyarmu ba za ta karɓa duka ba. Amma adalci ya wajabta a dubi inda kibiyar take nufa. A kantin nan, baƙo mai rauni ya fita da mutuncinsa, ɗan ƙasa mai girman kai ne aka tona, kuma aibin da aka tona na jama'a ne, ba a jingina shi ga wani mutum sananne ba. Irin wannan ya fi kusa da nasiha, ko da an naɗe ta cikin raha.

To, Jacobse da Van Es fa? Da farko 'yan damfara ne kawai na unguwannin talakawan Heg, masu zaƙin baki da karin harshen titi, Van Kooten yana fitowa a Jacobse mai wayo, De Bie kuma a Van Es mai ƙarfin tuwo da ƙarancin basira. An gan su sun sami wata tsohuwa sun tsorata ta da cewa ciyawar lambunta ta kamu da wata cuta da suka ƙaga, suka karɓe mata kuɗi masu yawa da sunan magani. Sai zamani ya ba su abin da ya fi lambun tsohuwa. Farashin mai ya sake tashi a 1979, masana'antu suna rufewa, rashin aiki yana ƙaruwa, gidaje sun yi ƙaranci har ta kai ranar 30 ga Afrilu 1980, ranar naɗin Sarauniya Beatrix, aka yi mummunar tarzoma a Amsterdam, ga kuma gunaguni a kan ma'aikatan da aka ɗebo daga Turkiyya da Maroko da waɗanda suka taho daga Suriname wajen 1975. A cikin wannan hali ne 'yan damfarar nan biyu suka kafa jam'iyyarsu, Tegenpartij, mai adawa da kowa da komai, wadda ta yi alkawarin kowa zai yi arziki, ta kuma ɗora laifin kowace masifa a kan 'yan siyasa da ma'aikatan hukuma da baƙi.

Nufin masu wasan shi ne jama'a su ga munin wannan magana su guje ta. Sai lamarin ya juye. Mutane da yawa suka ji cewa a karo na farko ga waɗanda suke faɗin abin da yake cikin zukatansu, taken jam'iyyar ya shiga bakin jama'a, alamu kuma suka nuna cewa da za ta tsaya zaɓe da gaske, da ta sami kujeru a majalisa mai kujera 150. A nan ne De Bie da abokinsa suka tsaya a mararraba, ga shahara ga kuɗi ga ma mulki in sun so, suka zaɓi su hallaka abin da suka gina, suka kuma yi shi ta hanyar da ta bayyana haƙiƙanin mutanen biyu, domin kusan watanni uku kafin nan, ranar 23 ga Fabrairu, duniya ta ga Laftanar Kanar Tejero ya kutsa majalisar Sifen da bindiga, kuma kowa ya gane inda irin wannan tafiya take ƙarewa.

Hujjata a kan cewa sun yi daidai ita ce, 'yancin da ake bai wa mai zambo amana ce mai sharaɗi. Wawan sarki yana faɗa wa sarki abin da waziri ba zai iya ba, ana kuma ƙyale shi ne saboda kowa ya tabbata ba ya neman gadon sarauta. Ranar da ya fara nema, maganarsa ta tashi daga gaskiya ta koma kamfe. Mutanen da suka so Jacobse da Van Es dariya ce ta buɗe zukatansu, ba su auna wata manufa ba, ba su binciki wani hali ba, kuma wanda ya karɓi ƙuri'a ta wannan ƙofa ya ci amanar wanda ya saki jiki da shi. Mun ga abin da ya faru a Guwatemala, inda ɗan barkwanci Jimmy Morales ya ci zaɓen 2015 da da'awar cewa shi ba ɓarawo ba ne, daga baya kuma shi ne ya rufe ƙofa ga hukumar Majalisar Ɗinkin Duniya mai binciken rashawa a ƙasar.

Mai jayayya zai ce, to me kisan ya hana? A 1982 Hans Janmaat ya shiga majalisa da jam'iyya mai ƙyamar baƙi. A 2002 jam'iyyar Pim Fortuyn ta sami kujera 26 kwana tara bayan an kashe shi. A Nuwamba 2023, wata takwas bayan rasuwar De Bie, jam'iyyar Geert Wilders ta zo ta ɗaya da kujera 37. Har akwai masu ganin cewa wasan ne ya koya wa waɗannan salon magana. Wannan zargi yana da nauyi, kuma ban yarda a yi watsi da shi ba, domin duk wanda ya ƙawata ɓarna da fasaha, ko da nufin tona ta ne, ya ɗauki kasadar wani ya so ta. Sai dai fushin da ke cikin unguwannin Heg ya riga wasan wanzuwa, rashin aiki da ƙuncin gidaje da sakacin shugabanni ne suka haife shi, kuma abin da De Bie ya yi shi ne ya ji shi shekara 20 kafin manyan jam'iyyu su yarda akwai shi. Maganinsa yana hannun masu mulki, su kuwa suka yi dariya tare da kowa suka wuce.

Mas'alar ba ta mutu ba, ta sake tasowa a ƙungiyar nan ta VPRO, a daren Lahadi kuma, ta hannun Arjen Lubach, wanda aka haifa a 1979, ya kuma gabatar da shirinsa na Zondag met Lubach daga 2014 zuwa 2021. A Oktoba 2017 waɗansu ɗaliban jami'ar Amsterdam suna fafutukar tara sa hannu 300,000 domin a yi ƙuri'ar raba gardama a kan sabuwar dokar da ta faɗaɗa ikon hukumomin leƙen asiri na tattara bayanan intanet, abin yana tafiyar hawainiya, sai Lubach ya yi bayanin dokar a shirinsa ya nemi masu kallo su sa hannu, cikin 'yan kwanaki aka haye adadin. Ina ganin bai ƙetare iyakar da De Bie ya shata ba, tun da bai nemi kujera ba, kuma ya ba mutane hujja kafin ya nemi hannunsu, amma ya tsaya dab da ita, domin mutumin da zai iya motsa dubban ɗaruruwa da shiri guda yana riƙe da iko wanda babu wanda ya zaɓe shi a kai, babu kuma mai iya tsige shi. Ranar 21 ga Maris 2018 masu cewa a'a suka rinjaya da kashi 49.4 cikin ɗari a kan 46.5, gwamnati ta yi wa dokar 'yan gyare-gyare ta zartar da ita a watan Mayu, kuma a cikin wannan shekara majalisa ta soke dokar da ta bai wa jama'a damar kiran irin wannan ƙuri'a.