ZAUREN ZANGO: "Je Ka Dawo" Ba Hukunci Ba Ne

A wannan wata za mu tattauna kan takardun filaye da ke kwana a ofis shekara da shekaru.

Kowa ya san yadda abin yake tafiya a zangunanmu na Salaga da Yendi da Bawku. Mutum ya samu fuloti daga sarakunan ƙasa, safiyo ya auna, an rubuta indenca, an kai ofishin filaye. Daga nan sai "je ka dawo". Uba ya rasu, an raba gado, amma littafin gwamnati yana nan da sunan tsohon mai gida. Mu kuwa sai mu ce haƙuri maganin zaman duniya, mu koma gida.

To, haƙuri yana da kyau, amma a nan yana da tsada. Tun dokar 1962, takardar fili ba ta da cikakken ƙarfi sai an yi mata rajista, kuma Dokar Filaye ta 2020 ta ci gaba a kan haka. Ke nan muddin fayil yana kwance, wani na iya zuwa da tasa takardar a kan fili guda, banki kuma ba zai karɓi gidan jingina ba. Dattawanmu ba su manta da 1969 ba, lokacin da gwamnatin Busia ta kori baƙi marasa takarda, mutane da yawa suka bar gidajensu ko suka sayar da su a wulaƙance. Wanda ya ga wannan ba ya wasa da takarda.

Abin da yawancinmu ba mu sani ba shi ne, doka ba ta bar mu hannu rabbana ba. Sashe na 23 na Tsarin Mulkin 1992 ya wajabta wa hukumomi da ma'aikatansu yin aiki bisa adalci da hankali, ya kuma ba wanda aka cuta damar zuwa kotu. Babbar Kotu tana da ikon ba da umarnin da lauyoyi ke kira mandamus, wato ta ce wa hukuma: yi aikin da doka ta ɗora maki. A ƙarshen shekarun 1990, a shari'ar kamfanin Vanderpuye Orgle Estates, Kotun Ƙoli ta nuna cewa ita kanta Hukumar Filaye ba ta fi ƙarfin wannan umarni ba.

Sai dai akwai sharaɗi. Alƙali zai tambaya: ka nema? An ƙi? Ina shaida? Maganar baka a bakin tagar ofis ba za ta amsa wannan ba. Don haka a rubuta wasiƙa, a sa kwanan wata, a ajiye kwafi mai hatimi tare da duk rasiɗi. Kada kuma a yi sanyin jiki, domin ƙa'idojin Babbar Kotu na 2004 sun ba da wata 6 ne kawai daga ranar da abin ya faru. A lura kuma, idan mutum biyu ne ke jayayya kan fili, wannan shari'a ce daban. Mandamus ba ya raba gardamar mallaka.

Wanda ba shi da kuɗin lauya, ya fara da hukumar kare haƙƙin jama'a, CHRAJ, wadda aka kafa a 1993. Tana sauraron koke kan sakacin ma'aikata kyauta. Mutanen Salaga kuma su tuna cewa tun 2019 garin yana Yankin Savannah mai hedikwata a Damongo, don haka su bincika inda fayilinsu yake.

Muna kira ga sarakunan zango da limamai su tara sunayen masu irin wannan matsala, a ɗauki lauya guda. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka.

Allah Ya bar mana gidajenmu, amin. Sai wata mai zuwa.