Fankar bayan kanti ma tana cin riba

Wata rana a tsakiyar bazara na shiga wani babban kanti a Kano sayen kayan shayi, sai na tarar da mai wurin tsaye a gaban manajansa da takardar kuɗin wuta a hannu. Na san shi tun ina yaro, aminin mahaifina ne, don haka na tsaya na gaishe shi. Bai bari na gama gaisuwar ba ya miƙo mini takardar ya ce, "Ɗana, kai da kake ɗan jarida, duba mini nan. Wuta ake sayar mini ko zinariya?" Na ce, "Allah ya huci zuciyarka, Alhaji." Ya shiga lissafa mini matakan da ya ɗauka: ya sauya duk ƙwayayen fitila zuwa masu tsimin wuta, ya hana kunna na'urar sanyaya ɗaki kafin azahar, ya ma fara neman farashin sola. Duk tsawon maganar nan ina jin wata ƙara daga can bayan kantin, kusa da inda ake gasa kaji da burodi, kamar ana jan kwano a kan siminti. Da na tambaya, manajan ya ce ai fankar zuƙe zafi ce, "haka take yi tun bara."

Wannan fanka, wadda masu gyara ke kira ekstarakta, ita nake son mu yi magana a kanta. A ganina tana cikin na'urorin da aka fi zalunta a shagunanmu, kuma tana ramawa ta aljihun mai shago ba tare da ya sani ba.

Dalilin da ya sa batun ya zama na yanzu sananne ne. A ranar 3 ga Afrilun 2024 hukumar NERC ta ɗaga farashin wutar masu rukunin A, wato waɗanda aka yi wa alkawarin aƙalla awa 20 a rana, daga kusan naira 68 zuwa naira 225 a kowane yunit. Daga baya an ɗan sassauta, farashin ya daidaita a wajen naira 209. Kafin nan, a Mayun 2023, an janye tallafin man fetur, ga dizal kuma da ya riga ya yi tashin gwauron zabo. Na'urar da a da ake iya barinta tana juyi dare da rana ba tare da kowa ya damu ba, yau kowace awa tata kuɗi ce.

Mu yi lissafi mai sauƙi. A ɗauka fanka ce mai cin wat 750, irin wadda ake ɗorawa a kan murhun gashi ko a bangon sito, kuma tana aiki awa 14 a rana. Yunit goma da rabi ke nan kullum. In aka sa yunit a kan naira 210, ta ci naira 2,200 a rana, naira dubu 66 a wata, sama da naira dubu 800 a shekara. Fanka ɗaya ke nan, kuma a wutar gwamnati. Duk awar da aka koma kan janareta, kuɗin ya zarce haka. Babban kanti mai madafa da sito da banɗakuna da wuya a same shi da fanka ɗaya tak. Ba ƙaramin al'amari ba ne ko a duniya baki ɗaya: Hukumar Makamashi ta Duniya ta ƙiyasta a 2011 cewa injina masu juyawa da lantarki, irin na fankoki da famfunan ruwa da na'urorin sanyi, su ke shanye kusan kashi 45 cikin ɗari na wutar da ake sha a doron ƙasa.

Abin takaicin shi ne, wani kaso na wannan kuɗi ba iska yake saye ba. Fiffiken fanka an ƙera shi ne da wani lanƙwaso na musamman domin ya yanki iska ya tura ta. A ƙasarmu kuwa, daga Nuwamba zuwa Fabrairu ƙurar hunturu na bin kowace kafa, in ta haɗu da maiƙon suya sai ta zama wani danƙo da ke manne wa fiffike da ragar da ke gabansa. Lanƙwason ya ɓaci, ragar ta toshe, iskar da ake fitarwa ta ragu, mita kuwa tana ta gudu. Danƙon ba ya taruwa daidai a kowane fiffike, saboda haka fankar ta fara rawa, rawar ta cinye boris, boris ɗin da ya bushe ya ƙara wa injin nauyi. In mai fambel ce, bel ɗin da ya saki yana zamewa, ƙarfin da ya kamata ya tafi ga fiffike ya tsiyaye ya zama zafi. Ƙarar nan da na ji a kantin Alhaji tarihin duk wannan ce. Shi kansa injin iskar da yake ja ce ke sanyaya shi, in ƙura ta lulluɓe shi sai ya riƙa aiki cikin zazzaɓi, kuma injiniyoyi suna da wata ƙa'ida da suka daɗe da ita: duk ƙarin zafi na digiri 10 a kwayil yana raba tsawon ransa biyu. A haɗa da wutarmu da ke yawan zuwa ƙasa da bolt 230 da aka ƙera injin dominsa, wadda ke sa shi jan wuta fiye da kima, sai a gane dalilin da ya sa fanka ke ƙonewa a shekara biyu a ɗora wa kamfanin da ya yi ta laifi.

Maganin wannan ɓangare ba ya buƙatar bashin banki. Buroshi ne da ruwan omo da giris, da yaro ɗaya da aka ce wannan aikinsa ne, da rana tsayayya a wata. A madafa ragar maiƙo tana son wanki duk mako, domin maiƙon da ya taru a bututu makamashin gobara ne. Abin da ke hana a yi shi kawai shi ne fankar tana can sama, ko a bayan gini inda mai saye ba ya gani, mu kuwa abin da baƙo zai gani muke gogewa.

Inda na fi son mai karatu ya tsaya shi ne batun gudu, domin a nan kuɗin gaske yake. Akwai wata doka ta kimiyyar fanka da ta saɓa wa abin da hankali ke fara kawowa. Yawan iskar da fanka ke turawa yana bin gudunta kai da kai: ka rage gudu da kashi 20, iska ta ragu da kashi 20. Amma wutar da take ci ba haka take sauka ba, sau uku ake ninka ragin a kan kansa. Fankar da ke tafiya a kashi 80 na gudunta, kusan rabin wutar kawai take buƙata. In aka mayar da ita rabin gudu, abin da take nema bai wuce kashi ɗaya cikin takwas ba. A aikace ba a samun wannan cif-cif, saboda asarar da ke cikin inji da turjiyar bututu, amma ko an rage wa lissafin wani abu, saura mai yawa ne. To, wane kanti ne murhunsa ke ci ganga-ganga daga safe har dare? Akwai lokacin gashi, akwai lokacin da ba kowa a madafa sai mai wanke-wanke. Fankarmu mai wat 750, in aka sassauta ta zuwa kashi 80 na awa bakwai kacal a rana, lissafi ya nuna za a tsira da yunit biyu da rabi kullum, abin da ya kai wajen naira dubu 190 a shekara.

Sai dai a yi hattara, ba kowace na'urar rage gudu ce ke rage kuɗi ba. Tsohuwar regileta irin ta fankar silin, mai ɗumama bango, tana ƙone rarar wutar ne a cikinta. Babban inji mai layi uku yana buƙatar na'urar da ke sauya bugun wutar kanta, wadda masu sana'ar ke kira VFD. Ƙananan fankoki kuma yanzu ana yin su da injin da ake kira EC, mai maganaɗisu da ƙwaƙwalwar sarrafa gudu a jikinsa. Bambancinsa da ƙaramin inji na gargajiya mafi araha ba kaɗan ba ne: na arahar sau da yawa ko kashi ɗaya cikin uku na wutar da ya sha ba ya mayarwa aiki, sauran zafi ne, shi kuwa EC yakan haura kashi 70. Wanda duk wannan ya fi ƙarfinsa, agogon kashe wuta da kansa ma wani abu ne. Na sha wucewa ta bayan shaguna da tsakar dare in ji fanka tana zuƙe iskar ɗakin da ba kowa.

Akwai wata ɓarna kuma da ba ta fitowa a jikin fankar, a jikin na'urar sanyaya ɗaki take fitowa. Duk iskar da aka fitar daga ɗaki, dole wata ta shigo ta maye gurbinta. In ba a tanadar mata ƙofa ba, za ta nemi tata. A kanti mai sanyi wanda madafarsa ke haɗe da wurin ciniki, fanka mai ƙarfi tana kwashe iskar da aka biya kuɗi aka sanyaya ta watsar a titi, iskar Afrilu mai digiri 40 ta kutso ta ƙarƙashin ƙofa, na'urar sanyi ta sake sabon aiki. Ɗiban ruwa da kwando ke nan. Alamar ba ta ɓuya: ƙofar shiga tana nauyin buɗewa, ko tana rufe kanta da ƙarfi. Gyaran shi ne a buɗe wa madafa kafar shan iska tata daga waje, kusa da murhu, a kuma raba ta da wurin ciniki. Wannan ya wuce maganar kuɗi ma. In kafar da iska ta samu ita ce ƙofar baya inda janareta yake, hayaƙinsa ake jawowa ciki, kuma gubar da ke cikinsa ba ta da launi ba ta da wari. Yaran shagon da ke kukan ciwon kai kullum da yamma, ba lallai ne yunwa ko lalaci ba ne.

Magina na dā sun san wani abu a nan. Ƙananan tagogin da suke bari can sama a jikin soro suna ba iska mai zafi hanyar fita, tunda sama take yi. Mu kuma sai mu jera firiza shida a lungu, kowace tana fesar da zafi ta bayanta, mu kafa fanka a ɗaya bangon don a nan waya ta fi kusa.

Na san abin da ɗan kasuwa zai ce, kuma yana da hujja. Kayan nan daga waje ake shigo da su, naira ta faɗi tun da aka sake ta a Yunin 2023, kuɗin ruwan da Babban Banki ya ƙayyade ya kai kashi 27.5 a ƙarshen 2024, balle abin da bankunan kasuwanci ke nema. Wanda ke fafutukar biyan albashi ba za a ce masa ya cire fankar da ke juyi ya sayi sabuwa ba. Ni ma ban ce a yi haka ba. Wanki da giris da ɗaure bel su ne farko, sai kashewa lokacin da ba a bukata, sai rage gudu. Maganar sabuwa tana zuwa ne ranar da tsohuwar ta ƙone, kuma a ranar ce ake tafka kuskuren da ya fi tsada. Ana kai injin wurin mai naɗin kwayil karo na uku, ko a aiki yaro kasuwa a ce ya sayo "mai sauƙi". Ban raina masu naɗin kwayil ba, gwanayensu sun ceci injina masu yawa, kuma naɗi mai kyau yana iya dawo da inji kusan yadda yake. Amma in an babbake tsohuwar wayar da wuta don a cire ta, aka kuma mayar da wadda ta fi ta siranta saboda tsadar tagulla, injin zai tashi ya yi juyi, sai dai ya zama maci. Fankar da ke shan wutar naira dubu 800 a shekara, farashin da aka saye ta shi ne ƙaramin abin da za a kashe a kanta. Araha ba ta ado, a nan kuwa har cizo take yi.

Ga kuma matsalar da ta fi ƙarfin mai shago shi kaɗai. A yawancin filazozin da ake ginawa, mai gini ne ke sa fanka, ɗan haya ne ke biyan wuta. Wanda ya zaɓa ba shi ke ɗanɗana kuɗar zaɓinsa ba, don haka mafi araha yake sawa. Tarayyar Turai ta toshe wannan kafa da doka: tun 2011 ta kafa mafi ƙarancin ingancin da fanka mai cin wat 125 zuwa sama za ta cika kafin a sayar da ita, ta kuma wajabta matakin inganci na IE3 ga mafi yawan injina. Abin da doka ta kora daga wata kasuwa, kasuwar da ba ta tambaya yake nufa. Ina ganin hukumar SON na da aiki a nan, ƙungiyoyin 'yan kasuwa ma haka, domin su ke da bakin da za su ce wa dillalai su kawo kaya mai lambar inganci a jiki. Kafin nan, mai saye yana iya duba farantin da ke manne a jikin inji, inda ake rubuta wat ɗinsa da matakinsa. In babu farantin kwata-kwata, wannan ma amsa ce.

Sola da Alhaji ke shirin sawa shawara ce mai kyau, amma duk wat ɗin da ake ɓarnatarwa sai an saya masa faranti da batir da inbata mai ɗaukarsa. Na faɗa masa haka, na ce a fara kiran mai gyara ya auna abin da kowace fanka ke ja kafin a kira mai sola. Ya dube ni ya ce, "Wato kai ma ka zama injiniya?" Na ce, "A'a, Alhaji, kunne kawai gare ni." Ya yi dariya, sannan ya juya ya ce wa manajan a nemo tsani.