Haramci Ba Ya Kashe Gwaninta

Direbobin farko na NASCAR, gasar tseren motoci mafi shahara a Amurka, da yawansu 'yan fasa-ƙwaurin barasa ne, masu ƙara wa injin ƙarfi don tsere wa hukuma. A 1948 Bill France ya tsara musu dokoki da lada. Junior Johnson, wanda ya sha ɗauri saboda barasa, shi ya lashe Daytona 500 a 1960.

Mu kuwa a Zamfara, taƙaita babura muka iya, kamar a 2021. Saurayin Nasarawa Burkullu da ya ƙware kan babur, ɓarayin daji sun san darajarsa, gwamnati ba ta sani ba. Haramci ba ya kashe gwaninta, ubangida yake sauya mata. A ba su fili.