Otel Gaweye Dukiyar Ƙasa Ne

A farkon shekarun 1980, zamanin Shugaba Seyni Kountché, gwamnati ta gina Otel Gaweye da arzikin yuraniyom, a bakin kogin Isa, daura da gadar Kennedy. Sai da aka tashi mutanen tsohuwar unguwar Gaweye kafin a aza tubali. Kamfanin Faransa ya riƙe shi da sunan Sofitel, ya yi zamaninsa, ya wuce. A 2019 Radisson da Noom suka buɗe a Yamai, manyan baƙi suka sami wasu masaukai.

Saboda haka, kowa aka danƙa wa makullansa, wajibi ne hukuma ta gindaya masa sharaɗin gyara da kiyaye haƙƙin ma'aikata. Talakawa suka ba da filin. Gyara kayanka bai zama sauke mu raba ba.