Wai Kallon Fim Ba Bincike Ba Ne?

Jiya wani ƙanena da ke ajin ƙarshe a jami'a ya kira ni ransa a ɓace. Ya nemi ya yi binciken kammala karatunsa da fim, sai malaminsa ya ce masa nan sashen nazarin harshe ne, ba gidan kallo ba. Aka ce ya je ya rarraba takardar tambayoyi kamar kowa.

Haba malam! Tun 1975 Wallace Chafe na Jami'ar Kalifoniya da ke Berkeley ya sa aka shirya wani fim na kusan minti 6, babu magana ko ɗaya a ciki. Manomi na tsinkar fiya, yaro ya zo a keke ya sace kwando guda, ya ci karo da dutse ya faɗi, wasu yara 3 suka taimake shi. Shi ke nan fim ɗin. Aka nuna wa masu harsuna daban-daban, aka ce kowa ya ba da labarin abin da ya gani. Deborah Tannen ta kwatanta Amurkawa da Girkawa: Amurkawan sun fi mai da hankali kan tuno abin da suka gani dalla-dalla, Girkawan kuwa sun fi fassara halin mutanen da yanke musu hukunci. A 1980 aka buga littafi sukutum a kan aikin.

Me ya sa fim? Saboda kowa abu ɗaya ya gani, don haka bambancin da ya fito daga baki da fahimta yake. Ka ba mutum takarda, zai rubuta maka Hausar makaranta. Ka bar shi ya ba da labari, Bakano zai ce "suka tafi", Basakkwace ya ce "sunka tahi", ba tare da ya san ana auna shi ba. Haka za ka gane inda yaro ɗan firamare ya rasa zaren labari.

Mu da ke da Kannywood, ga waya mai ɗaukar murya a aljihun kowa, mu ne muke raina wannan hanya? Tsofaffinmu na Katsina da Damagaram suna ta rasuwa da Hausarsu, mu muna nan muna ƙirga "na yarda" da "ban yarda ba".

Na ce wa yaron ya koma da hujja cikin ladabi. Malaman harshe da ke nan, ku faɗa mini inda na yi kuskure.