WAKEN DA TURAI TA ƘI, WA KE CI?

A 2015 Tarayyar Turai ta hana shigar da busasshen waken Nijeriya ƙasashenta, saboda gubar fiya-fiya da aka tarar a cikinsa ta wuce ƙima. A 2016 ta ƙara wa'adin da shekara uku. Wannan fa ƙasar da ta fi kowace noman wake a duniya!

Manomin Bacirawa, bashi ke sa shi sayarwa da araha tun kaka. Masu ɓoyo ke antaya magani, su jira tsada. To waken da Bature ya ƙi, ina ya nufa? Ƙosai da alalen talaka. Alhali buhu mai ninki uku na kashe ƙwari ba ɗigon magani.

Matasan da ke dako da awo a Dawanau su daina yin shiru in sun ga ana zubawa.